Moro, Lumad da Igorot: su wane ne 'yan asalin ƙasa a Filifin, kuma me ya hana rikicin ƙasa ƙarewa?

"Assalamu alaikum Malam. A aikin Hajjin da ya gabata tantinmu a Mina ya yi maƙwabtaka da na wasu alhazai daga Filifin. Da na kira su 'yan Filifin, sai wani dattijo a cikinsu ya gyara mini, ya ce su Moro ne, 'yan ƙabilar Maranao. Bayan na dawo gida na ɗan yi karatu a kai, sai na ƙara rikicewa: ga Moro, ga Lumad, ga Igorot, ga Aeta, kuma ana cewa wasu daga cikinsu su ne 'yan asalin ƙasa. To sauran jama'ar baƙi ne? Na kuma ga an ce akwai dokar da ta mayar wa waɗannan mutane ƙasar kakanninsu. In haka ne, me ya sa har yanzu ake ta rigima a kanta?"

Wa'alaikumus salam Alhaji, Allah ya karɓi ibada. Tambayoyi biyu ka yi, na farko a kan sunaye, na biyu a kan ƙasa, kuma amsarsu daga tushe ɗaya take fitowa. Bari mu fara da na farkon, domin kalmar "ɗan asali" ita ce take rikitar da mai karatu daga wajenmu. Mu idan aka ce ɗan asalin jiha, ana bambanta shi ne da wanda ya zo daga wani gari ya zauna. A Filifin ba haka ma'anar take ba. Mutumin Tagalog da ke Manila da mutumin Ifugao da ke kan dutse duk 'yan gida ne, babu baƙo a cikinsu. Abin da ya raba su shi ne wanda Turawan Sifaniya suka mallaka suka mayar Kirista, da wanda suka kasa mallaka.

Filifin tsibirai ne sama da 7,600, an kasa su yanki uku: Luzon a arewa, Bisayas a tsakiya, Mindanao a kudu. Ƙidayar 2020 ta ba da mutum miliyan 109, masu magana da harsuna kusan 180. Tagalog ne suka fi yawa, kashi 26 cikin 100. Sai Bisaya da kashi 14, Ilokano da Sebuwano da Ilonggo kowanne wajen kashi 8, Bikol kashi 6 da rabi. A lura cewa Bisaya da Sebuwano a takarda kawai suka rabu, mafi yawansu harshe ɗaya suke yi, shi ya sa idan aka haɗa su sai su kusa kamo Tagalog. Ta fuskar addini kuwa, kusan kashi 79 'yan Katolika ne, Musulmi kashi 6 da ɗoriya, wato kusan mutum miliyan 7, ko da yake ƙungiyoyin Musulmi sun daɗe suna cewa ƙidayar tana rage su.

Kusan duk waɗannan al'ummomi daga zuriya ɗaya suke, masu jiragen ruwa da suka gangaro daga Taiwan shekaru kamar 4,000 da suka wuce. Harshe ma ya nuna haka. Harshen Tausug, Musulmin tsibirin Sulu, ya fi kusa da Sebuwano na Kiristocin Bisayas fiye da yadda yake kusa da Maranao na 'yan'uwansu Musulmi. Waɗanda suka riga kowa zama su ne Aeta da Agta da Ati da Batak da Mamanwa, mutane baƙaƙe masu murɗaɗɗen gashi, waɗanda kakanninsu suka shafe dubban shekaru a tsibiran kafin masu jiragen su iso. Su ne suka fi bambanta da saura a jini, kuma suna cikin mafi ƙaranci da kuma mafi talauci.

Layin da Sifaniya ta ja

Magellan, jagoran jiragen ruwan Sifaniya, ya iso a 1521, aka kashe shi a tsibirin Mactan. Mulkin mallaka na gaske ya fara a 1565 da zuwan Legazpi, jagoran rundunar Sifaniya, tsibirin Sebu, sannan a 1571 ya karɓe Manila, wadda a lokacin sarakunanta Musulmi ne masu alaƙa da Burunai, cikinsu har da Raja Sulayman. Dabarar Sifaniyawa ita ce su tattara mutanen da ke warwatse a ƙauyuka su zaunar da su kewaye da coci, iya inda ƙarar ƙararrawa take kaiwa, a yi musu baftisma, a ɗora musu haraji da aikin tilas. A ƙasa mai shimfiɗa da bakin teku wannan ya yi aiki. A cikin shekara 333 mutanen kwari suka zama Katolika, suka ɗauki sunayen Sifaniya, suka saba da kotu da takarda da rajista.

Wurare biyu ne suka gagara. Na farko duwatsu, musamman tsaunukan Kodilera a arewacin Luzon da cikin dazuzzukan Mindanao, Mindoro da Palawan. Na biyu daulolin Musulunci na kudu. Musulunci ya riga Kiristanci isa tsibiran: ana danganta masallacin farko da Sheikh Karimul Makhdum a tsibirin Simunul a 1380, an kafa sarautar Sulu a tsakiyar ƙarni na 15, Sharif Kabungsuwan ya kafa ta Maguindanao a farkon ƙarni na 16, kuma a ƙarni na 17 Sultan Kudarat ya tsaya wa Sifaniyawa tsayin daka. Sunan Moro kansa Sifaniyawa ne suka zo da shi. Da shi suke kiran Musulmin Arewacin Afirka da na Andalus, da suka tarar da masu salla a wancan ƙarshen duniya sai suka laƙaba musu shi.

Haka jama'a ta kasu uku a idon mai mulki: Kiristocin da suka miƙa wuya, Moro, da waɗanda ya kira kafirai na kan dutse. Da Amurka ta karɓi ƙasar a 1898 a kan dala miliyan 20, ta ɗauki wannan rabo ta sa shi a tsarin gwamnati. A 1901 ta buɗe ofishin ƙabilun da ba Kirista ba, a 1903 ta kafa Lardin Moro a ƙarƙashin soja, a 1908 ta kafa Lardin Tsaunuka. A 1904 aka kwashi mutanen Igorot zuwa baje kolin birnin St. Louis na Amurka aka nuna su ga 'yan kallo a matsayin mutanen daji, kuma wannan tabo bai goge ba har yau. A Maris 1906 sojojin Amurka suka kashe ɗaruruwan Tausug, har da mata da yara, a cikin ramin dutsen Bud Dajo a tsibirin Jolo.

To idan ka ji an ce 'yan asalin ƙasa a Filifin, ana nufin zuriyar waɗanda suka tsira daga ƙararrawar coci, suka riƙe dokokinsu na gargajiya da yankunansu. Hukumar da ke kula da su, NCIP, ta saba lissafa ƙabilu 110. Yawansu kuma ya danganta da wanda ka tambaya: ƙidayar 2020 ta ba da ƙasa da miliyan 10, wasu ƙididdigar sukan kai miliyan 14 zuwa 17. A duk lokacin da na ga adadi a wannan fanni, abin da nake fara dubawa shi ne ko an haɗa da Musulmi ko an ware su, domin a nan mafi yawan saɓanin yake. Sai kuma matsalar masu ƙidaya da ba sa kaiwa ƙauyukan da sai an yi tafiyar kwana a ƙafa, da mutanen da ke ɓoye ƙabilarsu a birni don gudun raini.

Sunayen da ka ci karo da su

Igorot suna ne da ya tattara mutanen Kodilera: Ifugao, Bontok, Kalinga, Ibaloi, Kankanaey, Isneg da Itneg. Ifugao su ne masu gonakin shinkafa hawa-hawa a jikin dutse, waɗanda UNESCO ta sa a jerin kayan tarihin duniya a 1995. Wanda ya ga hoton gonakin kawai bai ga rabin aikin ba. A saman kowace gona akwai ɗan kurmi na iyali da ake kira muyong, shi ke riƙe ruwan sama yana sakinsa sannu a hankali cikin magudanai zuwa fala-falan shinkafar da ke ƙasa. In aka sare kurmin, ruwa ya ƙafe, katangar laka ta tsage, gonar ta zube da damina. Ka riƙe wannan misali, zai yi mana amfani idan mun zo kan doka.

Mangyan ƙabilu takwas ne a tsibirin Mindoro, kuma biyu daga cikinsu, Hanunuo da Buhid, har yanzu suna da rubutunsu na tun kafin zuwan Turawa, suna zana waƙoƙi masu gaɓa bakwai-bakwai a jikin gora da tsinin wuƙa. Lumad kuwa kalmar Sebuwano ce mai nufin ɗan ƙasa, wadda wakilan ƙabilun Mindanao da ba Musulmi ba suka zaɓa wa kansu a wani taro a Kidapawan a 1986. Ana lissafa su 18, cikinsu akwai Manobo, Subanen, B'laan, T'boli, Teduray, Bagobo, Mandaya da Higaonon.

Moro ƙabilu 13 ne, manyansu uku. Maguindanao na fadamun babban kogin Pulangi, Tausug na Sulu, da Maranao, mutanen dattijon da ya gyara maka. Ma'anar Maranao ita ce mutanen tafki, wato tafkin Lanao, kuma Marawi ce cibiyarsu. Sun shahara da fatauci, babu babbar kasuwa a ƙasar da ba za ka same su ba, har unguwar Quiapo a tsakiyar Manila inda aka gina babban masallaci a 1976. Sauran sun haɗa da Yakan na Basilan, Iranun, Sama, Kalagan, Sangil, Molbog da Jama Mapun. Akwai kuma 'yan asalin Sin, mafi yawansu daga lardin Fujian, waɗanda unguwarsu ta Binondo take tun 1594. Su ma 'yan tsiraru ne, sai dai damuwarsu ta daɗe tana kan takardar zama ɗan ƙasa, wadda aka sauƙaƙa musu a 1975, ba kan gona ba.

Yadda masu gida suka koma 'yan tsiraru

Nan ne zuciyar tambayarka ta biyu. Sifaniya ta zo da ƙa'idar cewa duk ƙasar da babu takardar mallaka a kanta ta sarki ce. Amurka ta gaji ƙa'idar, jamhuriyar Filifin ta gaje ta daga Amurka, kuma tana nan a kundin tsarin mulkin 1987, inda aka ce filayen gwamnati da ruwa da ma'adinai da dazuzzuka duk na ƙasa ne. Wanda ya san Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 a Najeriya, wadda ta danƙa filaye a hannun gwamna, zai gane yanayin abin. Mutumin kwari ya san hanyar ofishin rajista. Mutumin dutse shaidarsa kabarin kakansa ne da bishiyar da ke kan iyaka.

A Mindanao abin ya zo da tsari. Dokar rajistar filaye ta 1902 ta buƙaci takarda. Wata doka a 1903 ta soke duk kyautar fili da wani sultan ko datu ya yi ba da izinin gwamnati ba, datu kuwa shi ne kamar hakimi ko dagaci a can. Dokar 1919 ta ba Kirista damar neman hekta 24, wanda ba Kirista ba hekta 10. A 1936 aka mayar da su hekta 16 da hekta 4. Tun daga 1913 gwamnati ta fara kwaso manoma marasa gona daga Luzon da Bisayas tana zaunar da su a Kotabato, aka ci gaba a kwarin Koronadal a 1939, aka ƙara ƙaimi a shekarun 1950 don kwantar da tawayen manoma a arewa. Sannan ga kamfanonin abarba da ayaba da katako. A farkon ƙarni na 20 Musulmi sun kai kusan kashi uku cikin huɗu na mutanen Mindanao, zuwa 1990 sun koma wajen kashi ɗaya cikin biyar. A ganina ba daidai ba ne a ɗora laifin a kan talakan Ilonggo da aka ba tikitin jirgi da alkawarin gona. Shi ma yunwa ce ta koro shi. Laifin na tsarin da ya raba gonar wani ba tare da ya tambaye shi ba ne.

A kan duwatsu kuma wata doka ce ta yi ɓarnar. Dokar gandun daji ta 1975 ta ce duk filin da gangarensa ya kai kashi 18 cikin 100 ba za a mallaka wa kowa shi ba, daji ne na gwamnati. Kusan duk Kodilera ta wuce wannan gangare. Ke nan manomin Ifugao da kakanninsa suka gina katangar gonar da hannunsu ya wayi gari yana zaune a filin gwamnati, kurmin muyong ɗinsa kuma ya zama abin da za a iya ba ɗan kwangilar katako. Masu noman sassabe, da ke barin gona ta yi shekaru tana saura kafin su dawo mata, su kuma aka ɗauki saurarsu a matsayin filin da babu mai shi.

Mutane ba su zauna sun zuba ido ba. Mateo Cariño, ɗan Ibaloi, ya kai ƙara har Kotun Ƙolin Amurka a kan filinsa a Baguio, kuma a 1909 kotun ta yanke cewa filin da mutane suka riƙe a matsayin nasu tun iyakar abin da ake iya tunawa, za a ɗauka bai taɓa zama na gwamnati ba. A shekarun 1970 Kalinga da Bontok suka yi amfani da bodong, yarjejeniyar zaman lafiya ta gargajiya tsakanin ƙauyuka, suka haɗa kai suka ƙi madatsun ruwa a kogin Chico da za su nutsar da gonaki da kaburbura. Sojoji sun harbe jagoransu Macli-ing Dulag a gidansa ranar 24 ga Afrilu 1980, amma ba a gina madatsun ba.

Abin da dokar 1997 ta ba da, da inda take cijewa

Dokar da ka karanta ita ce IPRA, dokar haƙƙin 'yan asalin ƙasa mai lamba 8371, wadda Shugaba Fidel Ramos ya sa wa hannu a Oktoba 1997. Ta amince da haƙƙoƙi huɗu: yankin kakanni, mulkin kai bisa al'ada, adalci a zamantakewa, da kare al'adu. An ƙalubalance ta a Kotun Ƙoli, a Disamba 2000 alƙalai suka rabu bakwai da bakwai, sai dokar ta tsira don ba a sami rinjayen soke ta ba.

Takardar da al'umma ke nema ana kiranta CADT, ta gama-gari ce, ba a sayar da ita. Ga yadda ake bi. Al'umma ta shigar da buƙata a ofishin NCIP na lardinta. Sai a ƙidaya 'ya'yanta, a tattara hujjoji: rantsuwar dattawa, jerin nasaba, hotunan maƙabartu da wuraren ibada da kufai, tsofaffin yarjejeniyoyin iyaka da maƙwabta, da sunayen duwatsu da rafuka a harshen ƙabilar, domin sunan wuri shaida ne a kan wanda ya fara zama. Daga nan dattawa su zagaya da masu safiyo a kafa turakun iyaka a zana taswira. A liƙa sanarwa a bainar jama'a aƙalla kwana 15, a buga a jarida mako biyu a jere, inda babu jarida a sanar a rediyo, don mai ƙorafi ya fito. In an warware saɓani, kwamishinonin hukumar su amince, sannan a kai takardar hukumar rajistar filaye. 'Yan ƙabilar Tagbanua na tsibirin Coron sun sami amincewa a 1998 a kan sama da hekta 22,000 da ta haɗa da teku, wanda ya nuna cewa ruwa ma yana iya zama gadon kakanni. Zuwa yanzu an amince da takardu sama da 200 da suka rufe fiye da hekta miliyan 5, a ƙasar da duk faɗinta hekta miliyan 30 ne.

Matakin ƙarshen nan ne yake kama mutane. Hukumomi huɗu ne ke ba da takarda a kan ƙasa: ta muhalli da albarkatu, ta rabon gonaki, ta rajista, da NCIP. Sau da yawa fili ɗaya yana da takardu biyu ko uku. Sashe na 56 na dokar ya ce duk haƙƙin mallakar da aka riga aka samu kafin 1997 yana nan daram, don haka sai an zare kowane irin wannan fili daga taswirar kafin a yi rajista. Wannan aiki yana cin shekaru, safiyo yana da tsada, kasafin hukumar kuma kaɗan ne. Shi ya sa mafi yawan takardun da aka amince da su ba a kammala rajistarsu ba. Sannan ma'adinan da ke ƙarƙashin ƙasa na gwamnati ne har yanzu. Abin da doka ta ba al'umma shi ne fifiko wajen amfani da su, da ladan da bai gaza kashi 1 cikin 100 na abin da aka haƙo ba.

Kariya ta biyu ita ce neman yarda, wadda ake taƙaitawa da FPIC: ba a haƙar ma'adinai ko gina madatsa ko sare daji a yankin kakanni sai al'umma ta yarda, da son ranta, kafin a fara, kuma bayan an yi mata cikakken bayani. Bisa ƙa'idojin 2012, jami'ai su fara zuwa su duba ko aikin ya shiga yankin. In ya shiga, a yi taron farko a tantance dattawa da shugabanni, a yi na biyu kamfani ya bayyana aikinsa, sannan a bar al'umma ita kaɗai ta yi shawara bisa al'adarta. In ta yarda a rubuta yarjejeniya har da harshenta, hukuma ta ba da shaidar cika sharaɗi.

A takarda tsarin yana da kyau ƙwarai. Wuraren da yake lalacewa sanannu ne, kuma duk mai duba irin wannan fayil su ya kamata ya fara bincika. Na ɗaya, mai neman izinin shi ke biyan kuɗin tarurrukan, abinci da mota da komai. Na biyu, wa aka rubuta a matsayin dattijo? In shugabannin gaske suka ƙi, akan sami wata sabuwar majalisar dattawa ta ɓullo ta sa hannu, ƙauye ya rabu biyu, wa da ƙani su daina gaisawa. Na uku, iyakar wurin da aka ce aikin zai shafa: a tambayi ƙauyen da ramin haƙar yake, a manta da na gangaren kogi waɗanda ruwansu zai gurɓace. Na huɗu, bayanin da aka yi da Turanci ko Tagalog ga mutanen da ba sa jin ko ɗaya sosai. Na biyar, kuma mafi muni, tsoro. Yankunan Lumad da yawa fagen fama ne tsakanin soja da 'yan tawayen kwaminis na NPA, wanda ya ƙi aikin kamfani yana iya wayar gari an laƙaba masa tawaye. A 2019 ma'aikatar ilimi ta rufe makarantun Lumad 55 a yankin Davao bisa irin wannan zargi. Rigimar ma'adinan tagulla da zinare a Tampakan, ƙasar B'laan, da ta madatsar Kaliwa, wadda ta sa 'yan ƙabilar Dumagat-Remontado suka taka a ƙafa daga lardin Quezon zuwa Manila a Fabrairu 2023, duk a kan sahihancin wannan yarda suke. Yadda abin yake ya bambanta daga ƙauye zuwa ƙauye, akwai inda al'umma ta yi amfani da dokar ta kori kamfani, akwai inda ta karɓi aikin da hannu biyu don tana son hanya da asibiti. Bayanin da na yi na tsarin ne gaba ɗaya, hukuncin kowace rigima sai an ga takardunta.

Hanyar da Moro suka bi

Moro ba su bi ta IPRA ba, domin su suna ganin kansu al'umma ce mai daula tun kafin a san Filifin, abin da suke nema mulki ne. Kisan da aka yi wa wasu matasan Musulmi sababbin ɗauka aikin soja a tsibirin Corregidor a Maris 1968, wanda ake kira kisan Jabidah, shi ya hura wutar. Nur Misuari ya jagoranci ƙungiyar gwagwarmayar 'yancin Moro ta MNLF, yaƙi ya ɓarke bayan dokar soja ta 1972, garin Jolo ya ƙone a 1974. Ƙungiyar ƙasashen Musulmi ta shiga tsakani da kwamitin ƙasashe huɗu, Libiya, Saudiyya, Senegal da Somaliya, aka sa hannu a yarjejeniyar Tripoli a Disamba 1976. A 1977 aka yi dokar da ta kafa kotunan Shari'a a kan aure, saki da gado, ba su da hurumi a kan haddi. Wannan ya sa Musulmi suke da saki a doka, a ƙasar da sauran jama'a ba su da shi.

Ɓangaren Salamat Hashim ya ɓalle daga MNLF ya zama wata ƙungiyar mai suna MILF. An yi sulhu da MNLF a 1996, da MILF a Maris 2014, sannan dokar 2018 da ƙuri'ar raba gardama ta farkon 2019 suka haifi yankin Bangsamoro mai cin gashin kai, da majalisa mai kujeru 80 da kaso 5 cikin 100 na harajin cikin gida na ƙasa da ake tura masa kai tsaye. Kodilera ma kundin 1987 ya yi mata alkawarin irin wannan, amma an kaɗa ƙuri'a a 1990 da 1998, kowane karo lardi ɗaya ne kacal ya amince.

Ko a Bangsamoro maganar ƙasa ba ta mutu ba. Bayan yaƙin wata biyar da aka yi a Marawi a 2017 da masu biyayya ga ISIS, wanda ya raba sama da mutum 300,000 da gidajensu, masu komawa da yawa sun tarar ba su da takardar filin da suka gada, ga kuma wata sanarwar 1953 da ta ware sama da hekta 6,000 na yankin a matsayin filin soja. A Satumba 2024 Kotun Ƙoli ta cire Sulu daga yankin, saboda mutanenta sun ƙi amincewa a ƙuri'ar 2019. Akwai kuma abin da ya kamata mu Musulmi mu faɗa da gaskiya: a cikin Bangsamoro akwai Teduray da Lambangian da Dulangan Manobo, waɗanda ba Musulmi ba ne, su ne 'yan tsiraru a hannun waɗanda su ma 'yan tsiraru ne. Sun yi shekaru suna neman takardar yankinsu a tsaunukan Upi, an kashe shugabanninsu da dama a rikicin gona. An ware musu kujeru biyu a majalisa, kuma a Disamba 2024 majalisar ta zartar da dokar kare haƙƙinsu. Abin da za a auna ta da shi shi ne ko turakun iyaka za su shiga ƙasa. Can ƙasan kowa kuma akwai Sama Dilaut, masu rayuwa a kwalekwale da gidajen kan ruwa, waɗanda da yawansu ko takardar haihuwa ba su da ita, ga shi doka tana neman hujjar zama wuri ɗaya daga mutanen da gadonsu yawo a teku ne.

Game da gyaran da dattijon ya yi maka, akwai tarihi a bayansa. Shekaru aru-aru Moro zagi ne, yana ɗauke da ma'anar ɗan fashin teku, sai a ƙarshen shekarun 1960 matasan gwagwarmaya suka ɗauke shi suka mayar da shi abin alfahari, suka haɗa shi da bangsa, wato al'umma, ya zama Bangsamoro. Sunan Filifin kuwa daga Sarki Filib na biyu na Sifaniya aka samo shi, sarkin da kakannin Moro suka yaƙa, shi ya sa wasu dattawa ba sa son a kira su da shi, ko da fasfo ɗinsu na ƙasar ne. Matasa da yawa ba su damu ba, suna cewa su Musulmin Filifin ne. Haka abin yake a sauran sunayen: wasu Ifugao da Kalinga ba sa son Igorot, wasu ƙabilun Mindanao sun fi son sunansu a kan Lumad, Sama Dilaut da yawa suna jin sunan Badjao da ake kiransu da shi a matsayin raini, kalmar Negrito kuma, da ake kiran su Aeta da ita, ta littattafan Turawa ce, ba a kiran mutum da ita a gabansa. In Allah ya sake haɗa ka da su, ka tambayi mutum ƙabilarsa da garinsu, ka kira shi da sunan da ya ba ka.